Tambaya da Amsa: Hular kwanon da ake yi wa fenti a gida, da wadda ba a taɓawa

Assalamu alaikum masu karatu. Saƙonnin wannan makon duk a kan fentin hular kwano suka taru, wasu kan ta ƙwallon Amurka wasu kan ta babur, shi ya sa na haɗa su wuri ɗaya.

TAMBAYA: Malam barka da aiki. Ni uwa ce muna zaune a Bronx cikin birnin New York, yarona ɗan shekara 12 ya shiga ƙungiyar ƙwallon Amurka ta yaran unguwa, irin wadda ake gwabza kai ana kayar da juna ɗin nan. Na samo mishi hular kwano ta hannu a intanet da sauƙin kuɗi, matsalar dai ja ce su kuma ƙungiyarsu shuɗi suke sawa. Babansa yace a siyo fentin gwangwani a fesa mata kawai tunda ko kekensa haka akai masa kuma yayi kyau. Ni dai hankalina bai kwanta ba. Dan Allah wane fenti ne ya dace wanda bazai ɓare ba? Daga wata uwa a Bronx.

AMSA: Hajiya, rashin kwanciyar hankalin nan naki shi ne daidai, kuma dan Allah ki roƙi maigidan ya ajiye gwangwanin nan. Keke ƙarfe ne, ƙarfe ba ruwansa da abin da ke cikin fenti. Ita kuwa hular nan roba ce, ta yara ƙanana yawanci da robar da ake kira ABS ake yinta, ta 'yan sakandare da manya kuma da folikabonet wadda ta fi ƙarfi, to duka biyun akwai abin da basa jituwa da shi ko kaɗan, wato sinadaran da ke sa fenti ya zama ruwa-ruwa ya fesu. Tina, asiton, toluwin, zailin, har fetur ɗin mota. Da yawa daga fentin gwangwani da ake saidawa a shagon kayan gini irin waɗannan ne a cikinsu, wannan warin mai hawa kai da kike ji in ana fesawa su ne.

Abin da ke faruwa shi ne sinadarin yana ratsa robar ya sassauta ta, kuma dama tun daga masana'anta akwai wuraren da robar ke a ɗame, gefen ramukan sukuru, wajen ramin kunne, wajen hujin iska na sama. Nan ne take fara yin 'yan tsage-tsage sirara kamar gashi waɗanda sai an ɗaga hular a haske an karkata ta ake ganinsu. To kinga inda haɗarin yake, fentin da ya jawo tsagar shi ne kuma zai rufe ta, hula ta fito tana sheƙi kowa na yabawa alhali ƙarfinta ya ragu, ba wanda zai sani sai ranar da yaro ya haɗa kai da wani yaron da gudu. Wallahi wannan ne dalilin da yasa bana yarda a yi wa hular da za a shiga fili da ita fenti a gida, ko da kuwa an rubuta a jikin gwangwanin cewa na roba ne, domin roba iri-iri ce, wanda ya dace da kujerar roba ba lallai ya dace da wannan ba.

Kamfanonin da ke ƙera su irinsu Riddell da Schutt da kansu suna gargaɗi cewa fenti ko sinadarin wanki da ba su amince da shi ba zai iya lalata hular kuma garanti ya faɗi. Sannan akwai hukumar NOCSAE da ta fito da ma'aunin gwajin hular ƙwallo tun 1973, ƙungiyoyin makarantu da na yara tambarinta suke dubawa a bayan hula kafin a bar yaro ya buga. In kuka fesa fenti a kan tambarin nan da takardar gargaɗin da ke kusa da shi, alƙalin wasa ko koci na iya cewa yaron ba zai shiga ba, kinga an yi asarar kuɗi an kuma ɓata ran yaro.

Amma ni abin da ya fi damuna ma ba launin bane, hular ta hannu ce. Yau ɗin nan ki juya ta ki leƙa ciki da baya ki nemi sitika biyu, ɗaya mai nuna shekarar da aka ƙera ta ko aka fara amfani da ita, ɗaya kuma mai nuna shekarar ƙarshe da aka kai ta gyara aka sake tantance ta. Ƙungiyar kamfanonin gyaran kayan wasa ta Amurka, NAERA, tun kakar 2012 ta daina karɓar hular da ta kai shekara 10, to in taki ta kai ko kuma an ɓare sitikar ba a san shekarunta ba, ki haƙura da kuɗin da kika kashe ki bar masa ita ta ado a ɗaki. In kuma bata tsufa ba, ki je wajen kocin ki ce masa kina so a haɗa hular da na ƙungiya a kai kamfanin gyara mai lasisi, dama suna kaiwa bayan an gama kaka. A can za a warware ta gaba ɗaya, a wanke, a cire tsohon fenti, a duba tsaga a robar tana tsirara, a canja soso da sukurun da suka gaji, a fesa shuɗin ƙungiyarsu da fentin da mai ƙera hular ya amince da shi, kuma daga cikin hulunan da aka kawo suna ɗiban wasu su saka a na'ura su sako su daga sama don a auna bugun. Shi ne fentin da ba ya ɓarewa da kike tambaya. Ki kuma tambayi kocin ko ƙungiyar na bada aron hula, da yawa suna bayarwa. Kuma a gwada masa ita a kansa, in ya girgiza kai hular na yawo to ba tasa bace ko da sabuwa ce dal. Allah ya tsare mana shi ya sa albarka.

TAMBAYA: Oga ina gaisuwa. Ina da shagon aski a Kano, na ci karo da hular ƙwallon Amurka a wajen 'yan gwanjo a Ƙofar Wambai na siya dan ado kawai, zan ɗora ta a kanta saman madubi. Duk ta kakkarce launin ya koɗe. Na taɓa fesa wa wata kwandon fanka fenti sati biyu ya fara ɓarewa kamar bawon albasa, bana so haka ta faru da wannan. Ya zanyi? Daga wani mai aski a Kano.

AMSA: Toh ƙanina kai naka mai sauƙi ne tunda ba kan mutum zata hau ba, sai dai sharaɗi ɗaya, daga ranar da ka mata fenti ta zama kayan kallo, kar wani yaron shago ya ɗauka ya hau babur da ita, dama can ba don babur aka yi ta ba.

Fentin fankarka ya ɓare ne saboda abu biyu da nake kyautata zato, baka goge sheƙin robar ba, kuma akwai maiƙo a jiki. Fenti ba ya kama wuri mai santsi. Rabin aikin nan ko fiye ana gama shi ne kafin a taɓa gwangwani.

Fara da ɗaukar hoton hular da wayarka ta kowane gefe ciki da waje, don ranar mayar da kaya zaka gode wa kanka. Sai ka kwance ragar ƙarfen fuska da 'yan robobin da ke riƙe ta, ka cire maɗaurin haɓa, ka ciro sosunan ciki duk wanda ya yarda ya fito, sukurun ka zuba su a gwangwanin madara kar su watse. In sukuru yayi tsatsa ya ƙi juyawa ka ɗiga masa ɗan mai ka bashi lokaci, kar ka sa guduma. Tsofaffin sitiku kuma kana da handiraya a shago, ka hura musu ɗumi kaɗan-kaɗan kana motsa hannu ka ɗago gefe da farce ko tsohon katin roba, banda reza. Gam ɗin da ya rage ka shafa masa man gyaɗa ka murza da tsumma zai fita. Na san abin da hannu zai fara kaiwa shi ne fetur ko tina, kar ka soma, robar zata yi dishi-dishi ko ta yi laushi ta ɓaci tun kafin ka fara.

Bayan nan wanka da ruwan ɗumi da sabulun wanke-wanke sau biyu, saboda man gyaɗan nan da maiƙon hannun mutane sai sun fita tas. Sai sanfefa, ka nemi ta ruwa mai lamba 400 wajen masu kayan fentin mota, kana tsoma ta a ruwa kana gogawa a hankali zagaye-zagaye har sai sheƙin ya mutu ko'ina, in ka shanya ta ka ga wani wuri na ƙyalli to nan bai gogu ba ka koma masa, musamman lungun kunne da gefen ƙasa, daga nan ɓarewa ke farawa. Ba wai sai ka cire tsohon fentin duka ba in dai yana riƙe da kyau. Ka bi da mai lamba 600 ta lafe, ka ɗauraye, ka bari ta bushe sarai har cikin ramukan sukuru don ɗigon ruwa ɗaya da ya maƙale a rami zai iya gangarowa kan ɗanyen fenti. Daga nan kar ka ƙara taɓa bayanta da hannu, ka riƙa ɗagata ta ciki. Ka toshe cikin da jarida da salatif na takarda, ka kifa ta a kan galan ko sanda yadda zaka iya zagaye ta.

Wajen siyan kaya ka nemi firaima (fentin shimfiɗa da ake fara fesawa) ta roba, ba ta ƙarfe ba, da fentin launin da kake so, da na sheƙi mara launi da ake rufewa da shi, kuma duka ukun su zama na kamfani ɗaya kuma jinsi ɗaya. Mutane da yawa nan suke faɗuwa, a fesa wani iri a ƙasa a ɗora wani mai zafi a sama sai ka ga fentin ya tattare ya yamutse nan take. In ka samu akirilik mai haɗin ruwa ya fi tausaya wa roba. Ka fara gwada su a jere a bayan cokalin roba ka bari ya kwana ka gani.

Fesawar kanta, girgiza gwangwani minti biyu cur, ka tsaya nesa da hular kamar santimita 25, ka fara danna kan tun kafin hannunka ya iso kan hular ka sake shi bayan ya wuce. Shafin farko ya zama kamar hazo, kana hango tsohon launin ta ƙasa, zuciyarka zata ce ƙara kaɗan dai, kar ka biye mata. Ka jira minti 10 zuwa 15 ko abin da aka rubuta a gwangwanin, ka sake. Firaima sau biyu, launi sau uku ko huɗu sirara, na sheƙi sau biyu ko uku. Hula abu ne mai zagaye, fenti mai kauri ba inda zai zauna sai ya zubo ya yi hawaye. In hakan ta faru kar ka sa yatsa, bari ya bushe zuwa gobe ka goge wurin da sanfefa 800 ko 1000 ka sake fesawa. In zaka yi layi a tsakiya sai launin farko ya kwana biyu ya ƙanƙame kafin ka manna salatif, in ba haka ba zai taso da shi.

Lokaci ma na da muhimmanci a garinmu. Ranar da hunturu ya taso da ƙura kar ka yi, duk sai ta manne. Ranar da hadari ya haɗo iska ta yi laima shi ma fentin na iya yin fari-fari kamar gajimare. Tsakar rana kuma fentin na bushewa a iska kafin ya sauka sai ya fito da kaushi. Da hantsi a inuwa, wuri mai iska amma ba guguwa, ka yayyafa ruwa a ƙasa ƙura ta kwanta. Ba cikin shago ba dan Allah, ba kusa da janareta ko mai shan taba ba, tururin nan na kamawa da wuta.

Akwai wani na sheƙi da ake ce wa 2K, wanda ake haɗa shi da sinadarin ƙanƙamewa irin na mota, gaskiya shi ya fi kowanne ƙarko da ƙyalli. Amma akwai aisosayanet a cikinsa mai illa ga huhu, yana jawo asma mai wuyar rabuwa, kuma takunkumin ƙyalle ko irin na lokacin korona ba ya tare shi. In shi kake so ka kai wa mai fentin mota da ke da kayan kariya na gaske ya fesa maka lokacin da yake yi wa wata mota, kuɗin ba zai yi yawa ba. Sannan ka bar hular sati guda kafin ka mayar da sukuru ko ka manna sitika, fenti na bushewa a taɓa cikin awa ɗaya amma cikinsa ɗanye ne.

TAMBAYA: Malam to in fenti na ɓata hula, ya akai na 'yan NFL, babbar gasar ƙwararrun ƙwallon Amurka, ke da launi kala-kala suna walƙiya a talabijin? Daga wani ɗalibi a Zariya.

AMSA: Ɗana ai ba a ce fenti duka ne ke ɓatawa ba, fentin da ba a gwada shi da robar ba ne matsalar. Nasu a masana'anta ko kamfanin gyara ake yi da haɗin da aka riga aka gwada, wasu hulunan ma tun wajen narka robar ake zuba launin, sannan yawancin tamburan da kake gani sitika ce mai kauri ake mannawa a ɓare a canja. Asalin abin da hannu aka fara. A 1948 wani ɗan wasan Los Angeles Rams mai suna Fred Gehrke, wanda ya karanci zane, shi ya zana ƙahon rago ruwan ɗorawa a hulunan ƙungiyarsu, su ne na farko a ƙwararru da suka sa tambari a hula. Amma lokacin hulunansu na fata ne, fentin na ɓarewa in an gwabza sai ya riƙa bi yana gyarawa, fata kuwa bata tsagewa don an shafa mata fenti. Kamfanin Riddell ya riga ya fito da ta roba tun 1939, da ta mamaye fili sai lissafin ya canja. Ko Jami'ar Notre Dame da ta shahara da al'adar ɗalibai su fesa wa hulunan fenti mai garin zinare na gaske kafin wasa, a 2011 ta miƙa aikin ga kamfani.

TAMBAYA: Ranka ya daɗe, mu 'yan kabu-kabu ne a Maraɗi, shugabannin tasharmu sun ce kowa ya yi wa hular kwanonsa fenti launi ɗaya a rubuta lamba a baya don a riƙa gane mu. Wani mai fentin ƙofofi ya ce zai mana duka da araha. Akwai matsala? Daga wani ɗan kabu-kabu.

AMSA: Ɗan'uwa niyyar shugabanninku mai kyau ce, kuma na ji daɗi da kuna saka hular ma tukuna. Amma akwai matsala, har ta fi ta 'yan ƙwallo. Yawancin hulunan babur masu sauƙin kuɗi da ke kasuwanninmu bayansu ABS ne ko folikabonet, duk abin da na gaya wa Hajiya a sama ya hau kansu. Sannan ka ɗaga ƙyallen ciki ka gani, akwai farar kumfa mai tauri irin wadda ake samu a kwalin sabuwar talabijin, to ita ce ainihin mai ceton kai, in an faɗi ita ke murƙushewa ta shanye bugun. Ka samu guntun irin kumfar nan ta kwali ka ɗiga mata fetur ko tina a gaban 'yan tasharku, kan ka ƙirga goma ta narke ta zama rami. Mai fentin ƙofa da tina yake sirka fentinsa, in ya fesa sai ya bi ta hujin iska da gefen hula ya shiga ciki inda ba mai gani.

Akwai hanyar da ta fi. Ku haɗa kuɗi ku buga riguna marasa hannu masu launi ɗaya da lamba babba a baya, fasinja ma ya fi ganin lamba a riga. A hular kuma ku sa 'yar sitika mai ƙyalli da dare a baya da gefe, ba a lulluɓe ta duka ba don a riƙa ganin tsaga in ta fito. In kuma dole sai hula launi ɗaya, to duk wanda zai sayi sabuwa ya sayi fara daga yanzu, a hankali zaku zama iri ɗaya. Fara bata ɗaukar zafin rana kamar baƙa, kuma wani bincike da aka yi a Auckland ta ƙasar New Zealand aka wallafa a 2004 ya gano masu babur da ke saka farar hular kwano haɗarin jin rauni a hatsari ya ragu musu da kashi 24 cikin 100 in aka kwatanta da masu baƙa, saboda direbobi sun fi hango su. Wajen siya ku duba tambarin gwajin inganci na ECE (na Turai) ko DOT (na Amurka) a baya ko a igiyar haɓa, ku kuma matsa kumfar ciki ku ji tana da kauri, don akwai na jabu da roba ce zalla da ɗan soso. Lokacin da hukumar kiyaye haɗurra ta Najeriya ta fara tilasta saka hula a Janairun 2009 har ƙwarya wasu suka riƙa yi wa fenti suna kifawa a ka don gudun kamu, irin waɗannan na jabun basu fi ta da komai ba.

Wanda kuma ya taɓa faɗuwa kansa ya bugi kwalta da hularsa, ya canja ta ko da bayan bai nuna komai ba, kumfar sau ɗaya take aiki. Wankinta ruwa da sabulu kawai, kuma a daina rataye ta a kan tanki kusa da murfin fetur.

Masu tambaya kan gilashin gaban hula da ya dishe, saƙonku ya iso, sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.